Sawun Baba Mai Shara

Kyamara shida ce a rufin zauren, amma babu ko ɗaya da ta ga ɓarawon. Ni na kashe su da hannuna kafin mu fita cin abincin rana, wai don kada su yi zafi. Ƙarfe biyu na dawo na tura ƙofa, sai ga sawun mutum ya ratsa yashin tun daga bakin ƙofa har bayan allo, ya kuma dawo. Na bi ta kan katakon da muka shimfiɗa a gefen bango don masu aiki, na leƙa bayan allon. Wayoyi ne kawai suke reto. Akwatin babu shi.

Bari in faɗi abin da ke cikin akwatin, don a san dalilin ihun da na kurma. Gidan namu tsohuwar maɗaba'a ce da aka rarraba ta koma ɗakunan masu zane da masu fim. Akwai wani tsoho da ke share gidan, Baba Mai Shara, wanda injin ɗab'i ya faɗa wa a ƙafa tun zamanin da ake buga littattafai a wurin, shi ya sa yake jan ƙafa ɗaya. Wata huɗu na yi ina bin sa da kyamara, ba abin da nake ɗauka sai tafiyarsa. Wata shida kuma na yi a gaban kwamfuta ina tacewa. Na sa aka zuba farin yashi a zauren. Mai kallo zai cire takalmi ya taka, kyamarorin sama su auna saurinsa, majigi ya hasko Baba a allo yana tafiya tare da shi. In ka yi sauri, hotonsa ya tarwatse ya zama ɗige-ɗige. In kana son ka gan shi sosai, dole ka rage tafiya ka daidaita da tasa. Duk wannan aiki yana cikin wata 'yar kwamfuta da ba ta fi bulo girma ba, kwafin ajiya kuma na manne shi a jikinta da salatif. Wauta ce, na sani, ba sai an tuna mini ba.

Washegari da la'asar za a buɗe nunin, kuma masu zaɓe za su zo su ɗauki aiki ɗaya tak daga gidan, su kai shi babban baje koli a ƙasar waje.

Ihuna ya fito da mutum biyu, Hajiya mai gidan da Farfesa. Babu jami'ar da ta ba shi wannan suna, mu muka ba shi, don shi ya koya wa rabinmu riƙe kyamara, har da ni. Kwanansa uku da isowa da nasa aikin, tsofaffin talabijin talatin da ya jera a ɗakin da ke kusa da zauren. Ya tsaya a bakin ƙofa ya gyara tabarau.

"Ikon Allah," ya ce. "Wannan ai tafiyar tsohon nan ce."

Na duba. Sawun dogayen takalman roba ne irin waɗanda Baba ke sawa. Ƙafar dama tana sauka daidai, ta hagu tana jan layi a yashi. Wata shida ina kallon wannan jan ƙafa har ina mafarkinsa. Ban tsaya tunani ba, na yi waje kamar an ingiza ni.

Na same shi a ƙarƙashin matakala inda yake zama, ya kishingiɗa a tabarmarsa.

"Baba, ina akwatina?"

Ya tashi zaune yana mutsuttsuke ido. "Wane akwati, 'yata?"

Tun ranar da na fara zuwa gidan haka yake kirana. Ranar dai kalmar ta ƙona ni.

"Kar ka ƙara ce mini 'yarka! Ga sawunka can a yashi, ko makaho ya shafa ya san naka ne!"

Kafin ka ce me, matakala ta cika. Wata mai zane ta tuna cajarta da ta ɓace bara. Wani ya ce dama shiru-shirun nan ba na banza ba ne. Baba dai kallona kawai yake yi. Hajiya ta kulle zauren ta jefa makulli a jaka.

"Shekara goma sha tara yana gidan nan ban rasa ko allura ba," ta ce. "Amma gani ya kori ji. In ƙarfe shida ta yi akwatin bai fito ba, zan kira 'yan sanda, kuma ya naɗe tabarmarsa."

* * *

Kawu ƙanen mahaifiyata ne. Shekara talatin ya yi a gandun daji yana bin sawun masu satar farauta, yanzu ya yi ritaya yana kiwon tattabaru. Ban kira shi don ya gano ɓarawo ba, a ganina wannan na riga na gama. So nake ya bi mini sawu zuwa inda aka ɓoye akwatin.

Ƙarfe uku ya iso da 'yar sandarsa mai ɗaure da roba. Maimakon ya shiga, sai ya ja ya tsaya a tsakar gida. Lokacin Baba ya taso ya je famfo ya wanke fuska, ya koma. Kawu ya bi shi da ido har ya zauna.

"Kawu, lokaci fa yana tafiya."

"Bar shi ya tafi, Gaggawa. Sawu dai ba ya tafiya ko'ina."

Tun ina yarinya yake kirana Gaggawa, kuma har yau ban samu hujjar ƙaryata shi ba.

Hajiya ta buɗe mana. Ya sa na kashe fitilun sama, ya ɗauki ɗaya daga cikin fitilun da nake ɗaukar fim da su, ya kwantar da ita a ƙasa. Nan take kowane taku ya yi inuwa, ya fito ɓaro-ɓaro.

"Sawu ba ya son haske daga sama," ya ce. "Ta gefe ake tambayarsa."

Ya bi katako a durƙushe, yana miƙa sandar daga diddige zuwa diddige, yana matsar da robar don auna tsawon taku. A kusa da ƙofa, wajen takun ƙarshe na dawowa, ya daɗe. Ya zaro tsinken ashana ya kafa a wurin.

"Wa ke shafe yashin nan?"

"Baba. Kowace safiya, awa guda yake yi."

"In ya gama ta ina yake fita?"

"Ta kan katako."

"To. Ga katako a shimfiɗe, amma mutumin nan ya bi ta tsakiya. Na bi ɓarayi da yawa, ban cika ganin mai son a ga sawunsa ba."

"Ruɗewa ya yi, Kawu."

"Wataƙila. Kin tabbata tafiyarsa ce?"

"Haba Kawu! Ko cikin mutum dubu na san tafiyar Baba. Ga hagun nan tana ja."

"To," ya ce, ya miƙe yana kakkaɓe gwiwa. "Su wa ba su ci abinci tare da ku ba?"

* * *

Mai Walda muka fara samu, yana ƙarƙashin ƙaton kifin ƙarfen da yake ƙerawa. Shi ya so a ba shi zauren, aka ba ni. Makon jiya ma a gaban kowa ya ce sai ya ga yadda za a tara mutane kallon yashi.

"Na faɗa, kuma ban janye ba," ya ce da Kawu, muryarsa kamar yana magana da wanda ke tsallaken titi. "Kifina kilo tamanin ne na ƙarfe, an tura ni tsakar gida, an ba yashi ɗaki. Amma in sata zan yi, malam, ni da ƙofar zan tafi, ba da ɗan akwati ba."

"Ina kake tsakanin sha biyu da biyu?"

"Nan. Tambayi mai ɗinkin da ke bayanmu, sau biyu ya leƙo yana zagina saboda ƙara."

"Tsohon fa, ka san shi?"

"Shekara goma. Ƙarfen da yake ɗaurawa a gwiwa ma ni na ƙera masa." Ya harare ni ta ƙarƙashin gilashin walda. "Wasu kuma sun ci moriyar ganga sun yar da kwaurenta."

Na yi kamar ban ji ba.

Mai Sauti ne ya tayar mini da hankali. Shi ya ɗauki duk sautin fim ɗin, kuma jiya-jiyan nan muka yi cacar baki saboda na sa sunansa ƙanana a ƙasan fosta. Ya fita cin abinci tare da mu, amma ya tashi tun ba mu yi nisa ba. Da Kawu ya tambaye shi ina ya je, sai ya fara sosa ƙeya.

"Wani ɗan uzuri ne."

"Uzurin ba shi da suna?"

"Na gida ne."

Shi ne ya san kowace waya a bayan allon nan. Na ce, "Wallahi in kai ne..."

"Ni ne me?" Ya fizgo wata naɗaɗɗiyar takarda daga bayan kujera ya warware. Fostata ce, sabuwa fil, sai dai sunansa ya kumbura ya kusa kai nawa. "Wajen mai buga fosta na je! So na yi in musanya ta da safe ba ki sani ba. Wata huɗu ina durƙushe da makirfo a gindin ƙafar Baba, gwiwata har ta yi kanta, ki sa sunana kamar gargaɗin jikin kwalbar magani?"

Kawu ya yi dariya har da tari. Ni ban yi ba.

Farfesa ya tarbe mu da shayi. Ya ce cikinsa ne ba ya son abincin waje, shi ya sa ya zauna yana haɗa wayoyinsa. Bai ji komai ba, don talabijin ɗinsa duk suna shuuu.

"Zauren ma ban taɓa taka shi ba," ya ce. "Daga bakin ƙofa nake tsayawa, yashi yana ɓata takalmi. Amma fim ɗin na san shi kamar tafin hannuna. Tun tana tacewa take turo mini a waya, na kalle shi ya fi sau arba'in. Yarinyar nan ta yi aiki. Abin tausayi ne."

Har idona ya kawo ruwa don daɗin maganar.

"Shi tsohon kun gaisa?" in ji Kawu.

"Wa? Oho. Ina jin yana share nan da safe. Gaskiya ban lura da shi sosai ba."

Kawu ya tashi ya zagaya talabijin ɗin da hannu a baya, kamar baƙauye ya shigo kanti. "Kai, duniya. Duk suna aiki kuwa?"

"Ban da waccan ta ƙasa. A hanya ta mutu."

"Allah sarki." Ya durƙusa wai zai gyara igiyar takalmi, ya dangwala ɗan yatsa a ƙasa, ya miƙe.

Baba muka je wa a ƙarshe. Takalman robar suna gindin famfo. Kullum da tsakar rana nan yake cire su ya wanke ƙafa ya je ya kwanta, kowa a gidan ya sani. Kawu ya ɗauke su ya kifa, ya daɗe yana duba ƙasansu. Sannan ya tsuguna ya gaishe shi kamar yadda ake gaida manya.

"Baba, ka taka yashin nan yau?"

"Ni da nake shafe shi?" ya ce a hankali. "Mai shara ba ya taka inda ya share."

Ko kallon inda nake bai yi ba. Na ɗauka kunyar kamu ce.

* * *

Biyar da rabi Kawu ya tara mu a bakin zauren: ni, Mai Walda, Mai Sauti, Farfesa da Baba. Sauran 'yan gidan suka yi cirko-cirko a matakala. Hajiya tana riƙe da waya a hannu.

"Hajiya, kafin ki kira hukuma ina so in wanke kowa a gabanki," in ji Kawu. "Ga rabin zaure can ba a taka ba. Kowa zai shiga shi kaɗai, ya sa takalman nan, ya je bango da irin tafiyar Baba, ya dawo da tafiyarsa ta kullum. In aka jera su, za ki ga bambancin kwaikwayo da na gaske."

"Wannan ai wasan yara ne," in ji Farfesa yana murmushi.

"Shi ne. Babba kan fara, ranka ya daɗe."

Haka muka shiga ɗaya bayan ɗaya, ƙofa a rufe, ƙatuwar fitila tana haske ido don kada wani ya kwafi na wani. Da aka zo kaina na ce, "Kawu, har da ni? Kayana fa aka sace." Ya ce in an ce kowa, kowa ake nufi. Na zura ƙafa a takalman, suna lilo a ƙafata, na ja hagu har bango na dawo ina ƙunƙuni. Baba ne ya shiga ƙarshe.

Sannan aka buɗe ƙofa, Kawu ya kwantar da fitilar a ƙasa. Layi shida suka fito, na ɓarawo da namu biyar. Ya hau katako da sandarsa.

"Wannan na Mai Walda ne. Ya ja dama. Wannan na Mai Sauti, shi ma dama. Wannan na mai tafiyar ne da kansa." Ya nuna layin Baba. "Dama. Takalmin ma ya shaida, gefen na dama ne ya cinye. Yanzu ku dubi na ɓarawo."

Mai Sauti ne ya fara magana. "Hagu ya ja!"

"Ba zai yiwu ba," na ce. "Hagu Baba yake..."

Na juya. Baba yana tsaye jikin bango, ya naɗe ƙafar wando saboda takalmin. Ƙarfen da Mai Walda ya ƙera yana ɗaure a gwiwarsa ta dama.

A nan na tuna. Makon farko da na fara tace fim ɗin, na ga ina son Baba ya riƙa tafiya yana nufar tagar zauren, inda hasken yamma ke shigowa. A hoton kuwa ɗaya gefen yake nufa. Sai na danna maɓalli ɗaya, hoton ya juya kamar a madubi, dama ta koma hagu. Aikin daƙiƙa ɗaya ne, masu tace fim suna yi kullum. Na yi, na manta. Wata shida ina kallon juyayyen har ya kore na gaskiyar daga kaina, alhali mutumin yana wucewa ta ƙofata da tsintsiya kowace safiya. Na faɗa musu abin da na yi.

"Yawwa," in ji Kawu. "Ni ban san da wani maɓalli ba. Na dai ga tsoho a tsakar gida yana jan dama, na shigo na ga sawu yana jan hagu, na kuma ji 'yar yayata tana rantsuwa a kan hagu. Sai na ce akwai inda ake koyon wannan kuskure. Saura layi biyu." Ya nuna nawa da na Farfesa. "Duka hagu. Mutum biyu ne a gidan nan suka san Baba a allo kawai."

"To ita ta sace kayanta?" Mai Walda ya daka tsawa. "Don a ce me?"

Ido ya dawo kaina. Wallahi a 'yan daƙiƙun nan na ɗanɗani abin da na shayar da Baba tun ƙarfe biyu, kuma ba shi da daɗi ko kaɗan.

Kawu ya tako zuwa inda ya kafa tsinken ashana. "Mai gurguntar aro ba ya jurewa. Da ɓarawon ya kusa ƙofa, ina jin motsi ya ji, sai ya manta. Taku uku ya yi da tafiyarsa ta kullum. Ga su. Taku mai tsawo, yatsu suna kallon waje." Ya aza sandar, robar ta faɗa daidai diddige. Ya ɗauke ta ya kai layin dawowata. Takuna bai kai ko kusa da robar ba, ga diddige yana sulɓewa saboda takalmin ya fi ƙarfina. Ya kai ta layin dawowar Farfesa. Ta zauna daram.

Farfesa ya yi 'yar dariya. "Yanzu sanda da roba ne za su yi mini shari'a?"

"A'a, ranka ya daɗe. Su dai nuni suke yi. Ɗazu ka ce ba ka taɓa taka zauren nan ba, amma na dangwalo farin yashi a gindin talabijin ɗin da ta mutu a hanya. Mai Walda, ko akwai sukundireba?"

Akwai. Minti biyu ba a yi ba Mai Walda ya dawo daga ɗakin Farfesa rungume da akwatina, salatif ɗin ma bai ɓare ba. Talabijin ɗin fanko ce, an kwashe kayan cikinta.

Farfesa ya cire tabarau ya goge da bakin riga.

"Jibi na yi niyyar mayar da shi," ya ce. "In masu zaɓen sun tafi. Shekara talatin ina jera talabijin a ɗakuna, ba wanda ya taɓa kai ni ko'ina. Sau arba'in na kalli fim ɗin nan ina neman aibunsa." Ya dube ni. "Ban samu ba."

"Akwai kuwa," in ji Kawu. "Ga shi ya kama ka."

"Tsohon fa?" Hajiya ta tambaya. "Da can a caji ofis zai kwana."

"Na ɗauka faɗa kawai za a yi masa," ya ce.

Mutumin nan shi ya fara ɗora mini kyamara a kafaɗa. Na so in zage shi, na rasa ta inda zan fara, don zagin duk da ni zai haɗa. Hajiya ta ba shi zuwa safiya ya kwashe talabijin ɗinsa. Mutanen matakala suka watse sumui-sumui, mai cajar nan ce ta fara sulalewa.

* * *

Na raka Kawu bakin titi. Na ce ban san da bakin da zan gode masa ba.

"Ba ni za ki nema wa baki ba, Gaggawa," ya ce, ya tari mota ya tafi wajen tattabarunsa.

Baba ya koma ƙarƙashin matakala. Hajiya ta riga ni, ta ba shi haƙuri, ya ce ba komai. Na durƙusa a bakin tabarmar. Duk maganar da na shirya ta gudu, sai kuka.

"Baba, ka yafe mini."

Ya murza gwiwarsa.

"Shi wancan bai san ni ba, ba ni da ta cewa a kansa. Ke kuwa wata huɗu kina bina. In na tsaya ki ce in tafi, in na tafi ki ce in sake. Na ɗauka kallona kike yi." Ya numfasa. "Na yafe. Abu ɗaya nake roƙo. Kafin mutane su zo gobe, ki mayar mini da ƙafata inda Allah ya ajiye ta."

Kafin magariba na haɗa wayoyin na kunna. Na nemo maɓallin na danna, daƙiƙa ɗaya kamar wancan karon. Baba na allo ya juya. Yanzu ba taga yake nufa ba, ƙofar fita yake nufa, hasken yana bayansa. Mai Sauti ya ce tsohon tsarin ya fi kyau a ido. Na ce na sani, a bar shi haka. Na kuma ce ya manna fostarsa.

Da safe na zo da wuri. Na tarar Baba ya kusa gama shafe yashin, layukan nan shida duk sun ɓace, ya cire tsinken ashanar ya ajiye a kan taga. Yana ja da baya a kan katako yana shafe ɗan abin da ya rage. Na tsaya a bakin ƙofa, babu kyamara a hannuna, na jira har ya iso.

"Baba, ina kwana?"

"Lafiya lau, ranki ya daɗe," ya ce.

Na matsa ya wuce. Na bi shi da kallo har famfo, yana jan ƙafarsa ta dama, ina jira ko zai waiwayo ya ce 'yata. Ya buɗe famfo ya fara wanke tsintsiya.